Wai da gaske zama shiru yana buɗe kai in lissafin grabiti ya cije?

Abba_Ɗorayi:

Slm 'yan uwa barkanmu da warhaka. Dan Allah masu ilimin fiziks dama waɗanda ba shi suka karanta ba ina neman shawara akan abu biyu da suka haɗe min waje guda. Ina aji ɗaya a jami'a, an bamu asaimen wai mu lissafa ƙarfin grabiti, wato jan da duniya ke yiwa abubuwa zuwa ƙasa, a inda tashar sararin samaniya ta ƙasa da ƙasa take, wato wajen kilomita 400 sama da doron ƙasa, sannan muyi bayanin dalilin da yasa 'yan sama jannatin dake cikinta suke shawagi basa taka komai. Na ɗauki fomula, daga tsakiyar duniya zuwa doronta kilomita 6,400, na ƙara 400 ya zama 6,800, na raba na ninka, amsa ta bani 8.7 alhali anan ƙasa 9.8 ne (wato gudun abu mai faɗowa yana ƙaruwa da mita 9.8 a daƙiƙa cikin kowace daƙiƙa). To anan kaina ya ɗaure wlh, domin in dai 8.7 ne ai kusan duk ƙarfin yana nan kenan, wajen kashi 90 cikin 100, to me yasa a bidiyo muke ganin ruwa ya dunƙule yana yawo a iska, mutum ya saki biro ya tsaya masa a gaban hanci? Na maimaita a kalkuleta har na gaji amsar bata canja ba, kuma ni bana son in rubuta abinda ban gane ba dan kawai a bani maki.

Na biyu kuma, abokin ɗakina yana yin wannan mediteshin ɗin da wata manhaja a wayarsa, ya zauna ya tanƙwashe ƙafa ya rufe ido yana bin numfashinsa wajen minti goma, yace min in ajiye littafin nan in yi haka amsa zata zo da kanta, wai ai Newton ma zaune yake shiru a gindin bishiya tuffa ta faɗo ya gano grabiti, Einstein ma yana zaune a kujera abin ya faɗo masa. Ni dai in na rufe ido abinda ke zuwa min kuɗin makaranta ne da tes ɗin sati mai zuwa. Shin da gaske ne wannan zaman yana warware matsala irin ta lissafi ko ɓata lokaci ne? Kuma ina kuskuren 8.7 ɗin nan yake? Nagode.

Malam_Sani_Fiziks:

Wa alaikumus salam ƙanena. Babu kuskure a lissafinka, 8.7 ɗin nan daidai ne, kada ka sake taɓa shi. Abin da ke ba ka wahala hoton da ke cikin kanka ne, ka riga ka ɗauka cewa duk wanda ke shawagi to grabiti ya rabu da shi, shi ya sa kake jiran kalkuleta ta ba ka sifili. Na daɗe ina koyar da wannan a sakandare kuma kusan kowane aji a nan suke tsayawa.

Kafin ka karanta sauran bayanina ka tashi ka yi wannan. Ka samu gorar ruwa ta roba, ka gasa ƙusa ka huda ta a gefe, can kusa da gindi. Ka toshe hudar da yatsa ka cika ta da ruwa, murfin kuma ka cire shi gaba ɗaya, in ka bar shi a rufe ruwan ba zai fito sosai ba. Ka hau bene ko kan tebur ka ɗage yatsanka, za ka ga ruwa yana tsartuwa ta hudar ya yi baka yana sauka. To yanzu sake ta ta faɗi, kada ka jefa, saki kawai. Ka sa wani ya ɗauka a waya ku rage wa bidiyon gudu. Da ka sake ta tsartuwar za ta ɗauke ɗif, gorar za ta yi ta sauka da hudarta a buɗe ruwa bai fita, sai ta bugi ƙasa. Grabiti bai je ko'ina ba, shi ne ma yake jan gorar. Abin da ya faru shi ne da tana hannunka gindinta yana tare ruwan, na sama yana danne na ƙasa, dannewar ce ke fitar da shi ta hudar. Da ka saki, gora da ruwa suka kama faɗuwa tare da sauri iri ɗaya, babu mai danne wani.

Nauyin da kake ji yanzu haka a zaune, turin da kujera take yi maka ne tana hana ka faɗuwa. A cire kujerar a cire daɓen, nauyin da kake ji zai tafi, jan da duniya ke yi maka kuwa yana nan. Tashar nan da mutanen cikinta da biron da ruwan duk faɗuwa suke yi, dare da rana, da wannan 8.7 ɗin naka.

Za ka ce to me ya hana su isowa ƙasa. Gudun da suke yi a kaikaice. Duk abin da ka saki a nan yana sauka wajen mita 5 a daƙiƙar farko. Ita kuma duniya da yake ƙwallo ce, in ka miƙe sak na kilomita 8 doronta ya lanƙwashe ya yi ƙasa da wajen mita 5 shi ma. Ke nan in abu yana cin kilomita 8 a kowace daƙiƙa a kaikaice, yana faɗuwa mita 5 ƙasa tana kauce masa da mita 5, ba za su taɓa haɗuwa ba. A tsayin tashar gudun da ake buƙata ya ɗan ragu, wajen kilomita 7.7 a daƙiƙa, kusan 28,000 a awa, tana zagaye duniya cikin kamar minti 90. Newton da kansa ya kawo misalin igwa a kan dogon dutse, ana ƙara mata albarushi harsashin yana ƙara nisa kafin ya sauka, har a kai inda ba zai sauka ba sam.

Maganar tuffa kuma, labarin yana da tushe, Newton ne ya ba wa abokinsa William Stukeley a 1726 yana tsoho, ya ce yana zaune cikin zurfin tunani ya ga ta faɗo. Amma abokin ɗakinka ya yanke kan labarin da gindinsa. A 1665 annoba ta sa aka rufe jami'ar Kambirij ya koma gidansu a Woolsthorpe, yana saurayi ɗan shekara ashirin da 'yan kai, kuma kafin tuffar nan ya riga ya cika kansa da aikin masanan da suka gabace shi, Galileo da Kepler da Descartes, yana ma tsakiyar ƙirƙiro lissafin kalkulas. Tambayar da ta zo masa ita ce, jan nan da ya kai saman bishiya, me zai hana ya kai har wata? Sai ya ɗauki alƙalami. Wata yana nesa da mu kilomita 384,000, wato ninki 60 na 6,400 ɗin da ka yi amfani da shi. In ƙarfin yana raguwa yadda fomularka ta ce, wato ana raba shi da ninkin nisan sau kansa, 60 sau 60 ya ba da 3,600, ka raba 9.8 da shi ka samu 0.0027. Ka koma ta ɗaya hanyar, wata yana zagaye mu cikin kwana 27.3, gudunsa wajen kilomita 1 a daƙiƙa, ka lissafa lanƙwasar da hanyarsa ke yi za ka sake samun 0.0027. Ni duk shekara in na zo nan a allo sai tsigar jikina ta tashi, wata guda da muke dubawa don azumi da salla yana faɗowa wajenmu milimita ɗaya da 'yan kai a kowace daƙiƙa, da dokar da ke saukar da gorarka.

Kuma duk da haka littafinsa Principia bai fito ba sai 1687, shekara ashirin bayan nan. A tsakani Robert Hooke ya rubuto masa wasiƙa a 1679 da shawarar a kalli zagayen taurari a matsayin tafiya miƙaƙƙiya da ake janyowa zuwa tsakiya, Edmond Halley kuma ya taka har Kambirij a 1684 ya tambaye shi, daga baya ma shi ya biya kuɗin buga littafin. Saboda haka ni ban hana ka zama shiru ba, amma ka fara huda gorar tukuna.

Bash_Kodin:

Malam Allah ya ƙara basira, bayanin gorar nan yayi wlh. Amma ni ina ganin kaman an ɗan danne wa abokin ɗakin nasa haƙƙi. Ni aikina rubuta manhaja ne kuma duk wanda ke wannan sana'ar zai faɗa maka, zaka wuni kana neman inda matsala take a kod ido yayi ja baka gani ba, ka tashi kaje alwala ko ka fita siyo burodi kana tafe kawai ta faɗo maka, ka dawo da gudu ka duba kaga ita ce. Ba sau ɗaya ba ba sau biyu ba. Kuma ba mu kaɗai ba, akwai wani babban masanin lissafi Bafaranshe Henri Poincaré da ya bada labarin kansa, ya shafe makonni yana fama da wata matsala, sai ya tafi wata tafiyar duba duwatsu ya manta da ita, a garin Coutances yana ɗora ƙafarsa akan matakin keken dokin da zai ɗauke su amsar ta zo masa cif, yace ko tsayawa dubawa baiyi ba yaci gaba da hirarsa dan ya tabbata daidai ce, sai da ya koma gida ya gwada. A jami'ar Stanford ma sunyi gwaji a 2014 suka ga mutum yana tafiya da ƙafa yafi kawo sabbin dabaru akan yana zaune. To ni a ganina ƙwaƙwalwa tana aiki ta bayan fage in ka sake mata mara, in ka matsa mata kuma sai ta dinga bin hanya ɗaya tana dawowa inda ta fara, kaman yadda Abba yake ta danna lamba ɗaya a kalkuleta yana jiran ta canja. Abba ka gwada abin abokinka ba abinda zai rage ka dashi.

Anti_Bilki:

Abba ƙanina sannu da ƙoƙari, naji daɗi da kace baka son rubuta abinda baka gane ba, Allah ya riƙa. Ni ma'aikaciyar jinya ce ba fiziks na karanta ba, amma ɓangaren mediteshin da barci ina da abin cewa.

Bash maganarka gaskiya ce amma ka lura da abinda kai da bakinka ka faɗa, ka WUNI kana nema, shi ma Bafaranshen MAKONNI yayi. Akwai gwajin da akayi a jami'ar Lübeck a Jamus aka buga a 2004, an bawa mutane wani aikin lambobi mai tsawo wanda a cikinsa an ɓoye wata gajeriyar hanya ba'a faɗa musu ba. Suka fara yi, sai aka bar wasu sukayi barcin awa takwas wasu kuma suka zauna ido biyu, da aka dawo waɗanda sukayi barci sun ninka sauran fiye da sau biyu wajen gano ɓoyayyiyar hanyar. To inda ya shafe ka Abba shine, akwai wasu da aka bari sukayi barcin ba tare da sun fara taɓa aikin ba, su barcin bai ƙara musu komai ba. Ƙullin waina ne, sai ka jiƙa shinkafa ka kai niƙa ka zuba yis sannan ka rufe ka barshi ya tashi, in ka rufe roba ba komai a ciki haka zaka buɗe ta da safe.

Shi kuma mediteshin ɗin kansa, irin na lura da numfashi, likitoci a Johns Hopkins sun tattara gwaje gwaje 47 a 2014 suka duba, abinda suka samu hujja mai ɗan ƙarfi akai shine yana rage fargaba da damuwa da raɗaɗin ciwo, amma wajen ƙara maida hankali basu samu hujjar kirki ba. Kenan ba wai zai zuba maka fiziks a ka bane. Sai dai kuma kar ka raina rage fargabar nan, domin kai da kanka kace in ka rufe ido kuɗin makaranta da tes ne ke zuwa, kuma wlh wannan shine ya tsaya min a rai a duk rubutunka. Abinda mutum zai iya riƙewa a ka lokaci guda yana juya shi kaɗan ne, in damuwa ta cinye rabi da me zaka riƙe 6,800 da hoton duniya da tashar duk a tare? Ina ganin haka a wajen aiki, mai jinya in hankalinsa a tashe yake zaka masa bayanin yadda zai bada magani dalla dalla yace to, ka juya ya dawo yana tambaya, sai ka zaunar dashi ya sha ruwa numfashinsa ya daidaita sannan maganar take shiga.

Abinda zan baka shawara, kafin ka zauna karatu ɗauki takarda ka rubuta duk abinda ke damunka, minti goma, ka ninke ka ajiye. Anyi gwajin wannan ma akan ɗalibai a Amurka kafin jarrabawa aka buga a 2011, masu yawan fargaba makinsu ya ƙaru. Sannan dan Allah ka dinga barci, wannan kwanan zaune da shayi da kuke yi a hostel kuna cewa karatu ne asara ce, in akwai yadda zakayi ka karanta abu mai wuya da daddare ka kwanta akansa ka sake dubawa bayan asuba.

Abu_Maryam:

Assalamu alaikum. Malam Sani da Anti Allah ya saka da alheri. Ina so in ƙara wani abu ta fuskar da ba a taɓo ba. Wannan na manhajar waya da ya yaɗu, wani ɓangare nasa ya samo asali ne daga wani shiri na sati takwas da Jon Kabat-Zinn ya fara a makarantar likitanci ta jami'ar Massachusetts a 1979, shi kuma ya ɗebo shi daga al'adar mabiya Buddha ya cire masa ɓangaren bauta. Hukuncinsa na bar wa malamai, Abba ka tambayi wanda ka amince da iliminsa. Abin da nake so ka lura shi ne mu ba baƙi ba ne a wajen zama shiru. A ƙarshen suratu Ali Imrana, aya ta 190 da 191, Allah ya yabi masu hankali da cewa suna ambatonsa a tsaye da zaune da kishingiɗe, kuma suna tafakkuri a kan halittar sammai da ƙasa. Ka ga an haɗa biyun a aya guda, zuciya ta natsu da zikiri, hankali kuma ya kama wani abu takamaimai yana juya shi.

To wannan na biyun ne nake ganin ya fi kusa da abin da Newton ya yi a gindin bishiya. Shi ba kore tunani yake yi daga kansa ba, tambaya ɗaya ya riƙe ya ƙi saki. Mai bin numfashi in tunani ya zo masa koyarwar ita ce ya bar shi ya wuce, mai tafakkuri kuwa shi yake gayyato tunanin ya zaunar da shi. Zaman dai iri ɗaya ne in ka hango su daga nesa.

Kuma magabatanmu ba a zaman suka tsaya ba. Wannan 6,400 da ka saka a fomula kamar abin banza, Al-Biruni ya auna shi shekara dubu da suka wuce a wani wuri da ake kira Nandana, cikin Pakistan ta yau. Ya fara auna tsayin wani dutse daga fili, sannan ya hau samansa ya auna yadda ƙarshen gani ya sunkuya ƙasa, daga wannan 'yar kusurwar ya fitar da girman duniya kuma ya zo kusa ƙwarai da abin da aka sani yanzu. Ni abin da nake yi, bayan sallar asuba in na gama azkar ba na taɓa waya, a nan nake ɗauko duk abin da ya cije min in dube shi, gari shiru ciki ba nauyi. Ka jarraba da tambayar watan nan da Malam ya ba ka.

Abba_Ɗorayi:

Kai jama'a nagode Allah ya bar zumunci. Malam na huda gorar, daga saman benen hostel muka saketa abokin ɗakin nawa ne ma ya ɗauki bidiyon, wlh ruwan ɗaukewa yayi kaman an rufe famfo, har wasu suka taru aka sake cikawa kowa yana son ya saki da hannunsa, wani ɗan aji uku yana ta musu wai iska ce ke toshe hudar sai muka huda ta ɗaya gefen ma duka biyun suka ɗauke tare. Na rubuta bayanin asaimen ɗin da kaina yanzu. Anti naji maganar barci in sha Allah. Malam saura abu biyu, na farko me yasa muke aunawa daga TSAKIYAR duniya alhali ƙasar dake ƙarƙashin ƙafata tafi kusa dani, ba ita ya kamata tafi ja na ba? Na biyu baka ce komai akan Einstein da kujerarsa ba, shi ma haka labarin yake?

Malam_Sani_Fiziks:

Madalla Abba, kuma ka gaishe min da mai musun, huda ta biyun da ya sa kuka yi ita ce ainihin aikin kimiyya.

Tambayarka ta farko ita ce ta tsayar da Newton kansa. Gaskiya ne ƙasar da ke ƙarƙashinka ta fi ja da ƙarfi in aka kwatanta gwargwado da gwargwado, amma 'yar kaɗan ce, mafi yawan duniya yana nesa da kai, wani a gefe wani can ɗaya ɓarin. Sai a 1685 ya tabbatar da lissafi cewa in abu ƙwallo ne kuma nauyinsa ya rabu daidai ta kowane gefe, in ka tattara jan kowane ɓangare, na kusa da na nesa, jimillar tana fitowa daidai da a ce duk nauyin an dunƙule shi a tsakiya. Za ku yi shi da kalkulas nan gaba, ka riƙe tambayar har lokacin.

Einstein kuwa, e, shi ya faɗa da bakinsa. A 1907 yana ɗan shekara 28, ma'aikaci a ofishin rajistar ƙirƙire-ƙirƙire a birnin Bern na Suwizalan, yana zaune a kujera sai ya ga cewa mutumin da ke faɗowa ba ya jin nauyin jikinsa. Daga baya ya kira shi tunani mafi daɗi a rayuwarsa. Ka lura, abin da ka gani a gorarka ke nan, ba ƙari. Bambancin shi ne ya tambayi me ya sa. Tun zamanin Galileo an san mai nauyi da marar nauyi tare suke sauka in ba iska, har ɗan sama jannati David Scott ya nuna haka a kan wata a 1971 da guduma da gashin tsuntsu, amma mutane sun karɓe shi a matsayin haka abin yake. Einstein ya ce in komai da komai hanya ɗaya yake bi in an sake shi, to hanyar ba ta abin ba ce, ta wurin ce, sarari da lokaci ne suka lanƙwashe a kusa da abu mai nauyi.

Bash, a nan ne nake so mu yi hattara da wannan jin na “na tabbata daidai ne”. Poincaré kansa ya ce wani lokaci jin yana zuwa kuma a duba a ga ba haka ba. Einstein a 1911 ya lissafa yadda hasken tauraro zai karkace in ya gifta ta gefen rana, amsar da ya samu rabin ta gaskiya ce. A 1912 ya koma Zurich ya nemi abokin karatunsa Marcel Grossmann ya taimaka masa da lissafin Riemann na wurare masu lanƙwasa, wanda bai iya ba a lokacin, suka fitar da wani tsari a 1913 wanda shi ma daga baya ya watsar. Sai Nuwamba 1915 ya kammala, shekara takwas bayan kujerar. A ranar 29 ga Mayu 1919 aka yi husufin rana, Arthur Eddington ya je tsibirin Principe da ke nan tekun Gini kudu da gaɓar Najeriya, wasu kuma suka je Sobral a Brazil, suka ɗauki hoton taurarin da ke gefen rana, awon ya goyi bayan lissafin 1915.

Ga kuma masanin taurari Le Verrier na Faransa. A 1846 ya ga duniyar Uranus tana kauce wa hanyar da dokar Newton ta tsara mata, ya ce akwai wata duniyar da ba a gani ba tana jan ta, ya faɗi inda za a duba, aka duba a Berlin aka ga Neptune a daren farko. Da ya ga Mercury ma tana ɗan kaucewa sai ya sake kawo dabara iri ɗaya a 1859, ya ce akwai wani abu tsakaninta da rana, har suna aka raɗa mata, Vulcan. Aka shafe shekaru ana nema babu ita. Lissafin Einstein na 1915 ne ya fitar da kaucewar cif ba tare da wata sabuwar duniya ba. Mutum ɗaya, basira ɗaya, sau ɗaya ta ci sau ɗaya ta faɗi, kuma daga cikin kansa ba yadda zai bambance su, sai da aka ɗaga na'urar hangen nesa.

Abba ga na gaba, ka yi shi yadda Anti da Abu Maryam suka ce, ka fara da daddare ka ƙarasa bayan asuba. Dish ɗin talabijin da ke kan rufin gidaje, an ɗaure shi da noti yana kallon wuri ɗaya shekara da shekaru, alhali tauraron ɗan'adam ɗin da yake kallo shi ma faɗuwa yake yi kamar tashar. Yana wajen kilomita 36,000 sama da doron ƙasa. Ka fitar min da ƙarfin grabiti a can, daga shi ka fitar da gudunsa, daga gudun ka fitar da awa nawa yake ɗauka ya zagayo, sannan ka faɗa min me ya sa dole ya kasance a saman layin ikweta, wato layin da ya raba duniya arewa da kudu, ba saman Kano ba. Kada ka manta ka ƙara 6,400 kafin ka raba.